Hannun Tuta

Mutanen da suka yi yaƙin nan ƙanana ne. Wannan ne abu na farko da na koya a gidan adana kayan tarihi, kuma tef ɗin awo ne ya koya min. An kira ni in sa wa mutum-mutumi goma sha biyu kayan sojan da, sai na tarar babu ko ɗaya da rigar ta shige shi. Kafaɗar gunkin inci sha takwas, ta rigar sha biyar da rabi. Na ce wa Malama, mai kula da sashen tufafi, ko dai a bar ni in buɗe rigunan, ko a samo zarto a rage gumakan. Ta dube ni ta saman tabarau kamar na ce a yanka mata ɗa. Washegari aka kawo zarto.

Sati shida na yi a ɗakin ƙasa na gidan, ni da Malama da farar safar hannunta wadda ko ruwa za ta sha ba ta cirewa. Ni tela ne, shekara talatin ina taka keke, kuma ina da wata cuta: ba na iya ganin riga ban juya cikinta ba. A ɗakin nan cutar ta sami abinci. Na ga takalman da ba su da dama ba su da hagu, duk ƙafar da ka zura ita ce tasu. Na ga butar ruwa da aka ɗinke da bargo, a jiƙa bargon ruwan ciki ya yi sanyi. Na ga wani ɗan katako mai tsaga a tsakiya, na yi kwana biyu ina juya shi ban san amfaninsa ba, sai Malama ta zura shi ƙarƙashin maɓallin tagulla ta nuna min yadda ake goge maɓalli ba tare da an ɓata riga ba. Rigar mai ganga kuwa ba sai an gaya min ba, gefenta na hagu ya yi santsi har ya yi ƙyalli inda gangar ke gogawa. Malama ta san shekarar da aka yi kowane abu. Ni kuma na san wanda ya sa shi ko mai ƙusumbi ne, ko hannunsa ɗaya ya fi ɗaya tsawo. A hankali ta fara tambayata, ni ma na rage yi mata gardama.

A tsakiyar ɗakin akwai wani dogon tebur da aka lulluɓe da farin yadi. Abin da ke kansa shi ne dalilin duk wannan hidima.

Sama da shekara ɗari da suka wuce, wata ƙaramar runduna ta maƙale a cikin wani ginin tsaro, ruwa ya ƙare musu, suka yanke shawarar miƙa wuya. Mutum arba'in da ɗaya suka rage. Ba su yarda a kama tutarsu ba, sai suka yayyanka ta, kowa ya ɓoye guntu a cikin shafin rigarsa. Rajistar sunayensu ta ƙone tun tuni. Sai gidan tarihin ya yi sanarwa a rediyo: duk iyalin da ke da guntun tutar ya kawo, a haɗa, a sassaƙa sunan kakansa a jikin bango. Guntu ashirin da uku aka samu. Siliki ne shuɗi mai duhu, da ratsin rawaya, da zalɓe a tsaye kan ƙafa ɗaya da aka yi wa aiki da farin zare. Malama tana jera su tana bin wani zane da wani hafsa ya yi daga ka, shekaru bayan yaƙin. Mai sassaƙa zai fara aiki ƙarshen wata.

To, mu ma muna da guntu a gida, ko kuwa in ce Goggo tana da shi.

Goggo yayar mahaifina ce, shekararta tamanin da huɗu, kuma tun da na buɗe ido nake jin labari ɗaya a bakinta: Kaka, wato mahaifinsu, shi ne mai riƙe da tutar rundunar nan. Shi ke gaba, harsashi na wucewa ta kunnensa, ko ƙiftawa ba ya yi. Ya rasu tana da shekara sha uku, mahaifina yana goye, saboda haka babu mai ja da ita. Abin da aka sani tabbas shi ne bayan yaƙi ya yi gadin wani sito har ya mutu, kuma mutum ne marar magana. Sauran duk Goggo ce ta cike.

Labarin bai dame ni ba sai da ya zama bulala. Ranar da na ce ɗinki zan koya, ta tafa hannu ta ce jikan mai tuta ya ƙare a zura zare. Tun ranar ta sa min suna Allura. Da na buɗe shago ta buɗe akwatin ƙarfen Kaka, ta ciro wani tsohon almakashi baƙi mai nauyi, ta dangwarar min a kan tebur.

"Ungo. Kakanka ya ƙwato shi a hannun abokan gaba. Tunda bindiga ta fi ƙarfinka, ka yi ta fama da wannan."

Shekara talatin ke nan, ko ɗankwali ba ta taɓa ba ni na yi mata kalmasa ba. Shagona yana ƙasan benen da take zaune. Takan sauko da yadinta a hammata, ta gaishe ni lafiya lau, ta tsallaka titi ta kai wa wani tela da ko aljihu bai iya sa wa daidai ba. Ina kallo ta taga. Ba zan ɓoye ba, abin yana ci min rai har yau in na tuna.

Ranar da ta kawo guntunta gidan tarihi ina nan. Ta sha ado, ta riƙo jaka da hannu biyu. Malama ta shimfiɗa takarda, Goggo ta warware ƙunshin. Sai ga wani dogon ƙyalle na akoko mai kauri, faɗinsa bai wuce tafin hannu ba, an naɗe shi kamar bandeji. Ba shuɗi, ba rawaya, ba gashin zalɓe ko ɗaya. Launinsa irin na tsumman goge tebur.

Malama ta juya shi da ladabi, ta kai shi gaban fitila, ta dawo da shi.

"Mama, tutar siliki ce. Wannan akoko ne."

"A cikin shafin rigarsa na cire shi da hannuna."

"Ban ƙaryata ki ba, Mama. Amma sojoji kan sa irin wannan a cikin riga don ta tsaya, ko su ɗaure ƙwauri da shi. Ba zan iya sa suna a bango da wannan ba."

Goggo ba ta yi faɗa ba, abin da ya tsorata ni ke nan. Matar da kan wanke mai kayan miya tas a kan albasa ɗaya, sai ta tsaya tana naɗe ƙyallen a hankali. Ta kasa mayar da shi cikin jaka. Na ce ta bar min shi in duba. Ta ce, "Me za ka gani a ciki, Allura?" Amma ta bari.

Kwana uku ba ta sauko daga bene ba.

Ni kuwa na koma kan dogon teburin nan, da farko don haushi, daga baya don wani abu da ya tsaya min a ido. Kowane guntu yana da 'yan ƙananan tsaga a bakinsa, wani ɗaya, wani biyu a jere, wani uku. A katin Malama an rubuta cewa asu ne ya ci. Na ari gilashinta mai ƙara girman abu na duƙa.

"Malama, asun garin nan ya iya lissafi?"

"Me ka gani kuma?"

"Zo ki duba. Wannan tsaga biyu ce, tsakaninsu faɗin farce. Ga wancan can a ƙarshen tebur, shi ma biyu, faɗin farce. Ɗauko shi."

Ta ɗauko da safar hannunta, ta ajiye kusa da ɗan'uwansa. Ratsin rawaya ya haɗu, zare ya bi zare. Ta miƙa hannu ta ɗauko wani guntun.

Duk telan da ya taɓa yanka hannun riga ya san wannan. Kafin ka raba yadi biyu da za su sake haɗuwa, sai ka ɗan tsaga bakinsu tare, don in ka zo ɗinki ka san wane gefe ne na wane. Ba a koyar da shi a littafin tarihi, shi ya sa mutum uku masu digiri suka kalle shi suka ce asu. Kafin azahar mun haɗa guntu tara da suka yi wata biyu suna yawo a kan teburin. Ƙafar zalɓen da aka sa masa a wuya ta koma inda Allah ya yi ta.

Daga nan na kasa zama. Na yi ta tambayar kaina, wane irin mutum ne wannan? Abokan gaba na bakin ƙofa, maƙogwaro ya bushe, an ce masa yanka tuta, shi kuma ya tsaya yana bin zare don kada yankan ya karkace, yana sa alama don wata rana a mayar. Ba takobi aka sa ba, ba wuƙar bakin bindiga ba. Yankan ya miƙe sar, kuma guntayen kusan girmansu ɗaya, kamar wanda ya ƙirga mutanen ya raba awo. Na ce wa Malama, wanda ya yi wannan tela ne, in ba tela ba ne a karya min keke.

Ta ce kowace runduna takan tafi da telanta, da mai gyaran takalmi, da maƙeri. Ba a cika rubuta sunansu ba.

Sai da na sake duƙawa a kan doguwar yanka ta gefen ratsin rawaya na ga ɗaya abin. Yankan na tafiya sumul, sai ya yi ɗan haƙori, zare ɗaya ya tsinke a ja maimakon a yanke. Ya ci gaba, bayan kamar tsawon yatsa huɗu, ga wani haƙorin. Haka har ƙarshe. Na duba wani guntun, haka. Na san haƙorin nan. Na zage shi ya fi sau dubu.

Almakashin da Goggo ta dangwarar min yana da giɓi a baki ɗaya, kusa da tsini. Shekara biyu na yi ina aiki da shi a farkon buɗe shagona, yana ɓata min bakin yadi, na kai shi wurin mai wasa wuƙa sau uku giɓin ya ƙi fita. Da na sami na zamani sai na rataye shi a ƙusa bayan ƙofa, yake riƙe min tsofaffin tef.

Ban jira an tashi aiki ba. Na je shago, na sauke shi, na share ƙura, na yanka wani ragowar siliki. Sumul, haƙori. Sumul, haƙori. Na auna tsakani, yatsa huɗu.

Sannan na warware ƙyallen Goggo a kan teburin yanka, na dube shi yadda ya kamata in dube shi tun farko, wato a matsayin ɗinki. Yana da kari a tsakiya daga sama har ƙasa, alamar an taɓa ninke shi biyu. Cikin ninkin ya yi santsi ya yi duhu, kamar abin da itace ya daɗe yana goga. Gefunansa biyu kuma hudar allura ce a jere, ƙanana, goma sha biyu a kowane inci, babu wadda ta kauce. Da na sa gilashi sai ga burbushin shuɗin zare a wasu hudojin, rawaya a wasu.

Siliki ba ya jure sanda, cinye shi take yi. Don haka ake ɗinka wa tuta wani bututu na yadi mai ƙarfi a gefe ɗaya, a zura sandar a ciki. Mu hannun tuta muke ce masa. Mai zane ba ya zana shi, mai kallo ba ya ganinsa. Kuma wannan ba yanke shi aka yi ba, farke shi aka yi, ɗinki ɗaya bayan ɗaya, ba a yaga ko huda guda ba.

Na zauna a kan benci. Abu na farko da na ji, Allah ya yafe min, daɗi ne. Shekara talatin ana kirana Allura, ashe allurar gado ce. Har na tsara yadda zan faɗa mata, da irin murmushin da zan yi. Sai na ji takunta a sama, daga gado zuwa taga, daga taga zuwa gado, takun tsohuwa mai jan ƙafa ɗaya. Daɗin ya gudu ya bar ni da kunya. In na yi shiru, sunan Kaka ba zai hau bango ba. In na yi magana zai hau, amma mutumin da Goggo ta yi shekara saba'in tana ɗauke da shi, mai tsayawa gaba harsashi na wuce kunnensa, shi zan kashe mata da hannuna.

Da safe na hau bene. Na tarar da ita zaune bakin gado, rediyo a kashe.

"Goggo, ki shirya mu koma."

"In je a sake ce min tsumma na kawo?"

"Ba tsumma ba ne. Na tutar ne. Amma akwai abin da zai fito tare da shi, kuma ba lalle ya yi miki daɗi ba."

Ta juyo ta dube ni.

"Gudu ya yi?"

"A'a."

"Sata ya yi?"

"A'a, Goggo."

"To miƙo min mayafina."

Na ɗauko rigar Kaka ma daga akwatin, na haɗa da almakashin.

A ɗakin ƙasa Malama ta ba ta kujera kusa da teburin. Ban yi dogon bayani ba, don bakina ba ya kai hannuna iya magana. Na ciro ragowar silikin, na yanka a gabansu, na ajiye kusa da guntu mai ratsin rawaya, na miƙa wa Malama gilashi. Ta duba nawa, ta duba na tutar, ta sake duba nawa. Ta ce a ba ta almakashin. A karo na farko tun da na san ta, ta cire safar hannu ta shafa giɓin da ɗan yatsa.

"A ina ka samo wannan?"

"A akwatin mahaifinta."

Sai na ɗauko ƙyallen. Malama ta nuna gefen hagu, inda zanen hafsan ya sa sanda. Na ce mu gwada dama. Guntaye huɗu na gefen dama suna da hudar allura a bakinsu, ita kuma ta rubuta cewa wurin gezar ado ne. Muka shimfiɗa akokon a gefensu, ta riƙe sama na riƙe ƙasa. Huda ta zauna a kan huda. Inda burbushin zare ya koma rawaya, nan ratsin rawaya ya fara, inda ya koma shuɗi, nan ya ƙare.

Malama ta ja da baya ta kama baki.

"Ashe sandar a nan take. Zalɓen ba baya yake kallo ba, gaba yake kallo, inda ake tafiya. Shekara nawa muna buga zanen nan a littattafai a juye!"

Ta shiga zagaya teburin tana magana ita kaɗai, tana neman biro. Ni Goggo nake kallo. Ba ta kalli zalɓen ba ko sau ɗaya. Idonta na kan almakashin.

"Allura."

"Na'am, Goggo."

"Faɗa min da baki. Ban iya karanta ramin allura ba."

Na durƙusa kusa da kujerarta. Na ce Kaka yana cikin mutanen nan arba'in da ɗaya, wannan babu shakka. Na ce almakashin ba ƙwato shi ya yi ba, nasa ne. Shi ya yanka tutar. Ya raba ta arba'in, ya sa wa kowane guntu alama don a iya mayarwa, ya ba kowa mai launi. Da ya zo kan kansa siliki ya ƙare, sai hannun da ya farke ya ajiye gefe. Na buɗe mata cikin rigar inda ta cire ƙyallen, na nuna mata ragowar ɗinkin da aka rufe shafin da shi, goma sha biyu a inci, irin na jikin hannun tutar sak.

"Wato shi ya ɗinka hannun tun farko," in ji Malama daga bayanmu, a hankali.

"Hannu ɗaya ne ya yi su," na ce. "Iyakar abin da zan iya rantsewa a kai ke nan."

Goggo ta sa yatsa a kan ɗinkin shafin tana bi. Na jira faɗa, na jira kuka. Da ta buɗe baki sai muryarta ta fito ƙarama, irin wadda ban taɓa ji ba.

"Ina da shekara tara na yage rigar makaranta a ƙusar ƙofa. Tun daga nan har nan. Innarmu ta tafi kasuwa, na san in ta dawo na shiga uku. Ina kuka a bayan ɗaki ya same ni. Ya shiga da rigar ya rufe ƙofa. Da ya fito da ita na nemi inda ta yage na rasa." Ta shafa ɗinkin. "Ya ce kada in gaya wa kowa. Na ga idonsa ya yi ja. Na ɗauka haushina yake ji."

Ta gyara rigar a kan cinyarta.

"Ban taɓa ganin ya riƙe allura ba, kafin ranar ko bayanta. Maɓallinsa in ya cire, da igiya yake ɗaurewa har Inna ta gani." Ta ɗago ta dubi teburin, guntu ashirin da uku da manyan gurabe a tsakaninsu. "Shi ya ɗinka, aka ce shi zai yanka."

Malama ta jawo kujera ta zauna gabanta da kati da biro. Ta ce sunan zai hau bango, wannan an gama. Amma a ƙarƙashin kowane suna ana sa aikin mutum a rundunar, in an sani. In iyali ba su so, ana iya barin wurin fili.

Na sunkuyar da kai. Na riga na yanke cewa in ta ce a bar shi fili ba zan ce komai ba, kuma in ta ce a rubuta mai riƙe tuta, zan bar Malama ta yi fama da ita.

"Wa ya riƙe tutar?" Goggo ta tambaya.

"Ba mu sani ba, Mama."

"Sauran arba'in ɗin, akwai wanda kuka san abin da ya yi a ranar?"

"Babu. Sai shi kaɗai yanzu."

Goggo ta gyara mayafi, ta miƙe zaune, tsohuwar muryarta ta dawo, wadda ke sa mai kayan miya ya ƙara albasa.

"To rubuta tela. Kuma ki gaya wa mai sassaƙan ya yi shi da girma, ba irin rubutun kwalbar magani ba. Idona ba ya gani sosai."

Malama ta roƙi a bar mata almakashin a sa a gilashi kusa da tutar. Na buɗe baki zan ce to, Goggo ta riga ni.

"Wannan kuma ki tambayi mai shi. Gadonsa ne."

Muka koma gida. Na raka ta har ƙofar bene, na buɗe shago, na zauna a keke ban taka ba. Ƙusar bayan ƙofa ta zama fili, tsofaffin tef ɗin suna zube a ƙasa.

Bayan kwana biyu, da hantsi, ina yanka wani wando na ji takunta a matakala. Ta fito da yadi a hammata kamar kullum, ta ce, "Allura, an tashi lafiya?" Na ce lafiya lau, na mayar da ido kan allina, don na gaji da kallon bayanta tana tsallaka titi. Sai inuwa ta rufe min tebur. Ta ajiye yadin a kan wandon da nake yankawa, shuɗi mai duhu, yadi biyar.

"Na ranar buɗe bangon ne," ta ce. "Nawa ka ce yake yi a inci?"

"Sha biyu, Goggo."

"To zan ƙirga."

Ta ɗaga hannuwa ta tsaya, tana kallon bango, tana jira in ɗauko tef. Na sa shi a kafaɗarta, sai da na auna sau biyu. Inci goma sha huɗu ne.